Sojan Ruwa: Yadda Ake Zama Hafsa A Kan Teku

Jama'a, karatunmu na yau a kan sojan ruwa ne. Da yawa cikinmu mun taɓa ganin su a talabijin ko a cikin waya, sanye da fararen kaya tas, suna tsaye a jere bisa wani ƙaton jirgi. Samari sukan gani su ce, "Kai, ni ma wannan aiki nake so." Iyaye kuma su rasa amsar da za su ba su, don ba su san hanyar ba.

To, bari mu bi maganar daki-daki. Mu san ko wane ne sojan ruwa, mu san aikinsa, mu san yadda ake zama hafsa. Daga nan mu duba abin da ɗan Damagaram zai iya samu a wannan fanni, da abin da ba zai samu ba.

Wane ne sojan ruwa?

Sojojin ƙasa iri uku ne. Akwai sojan ƙasa, mai tafiya da ƙafa da mota. Akwai sojan sama, mai jirgin sama. Sai sojan ruwa, wanda barikinsa jirgi ne, filin aikinsa kuma teku.

Teku ba kamar tafkin Gidimuni ba ne, wanda kana wannan gaɓa kana hangen waccan. In aka raba duniya kashi 10, wajen kashi 7 ruwan teku ne. Ruwan kuma na gishiri ne. A cikin lita guda akwai gishiri kamar giram 35, don haka ba ya shayuwa. Jirgi yakan yi kwana da kwanaki yana tafiya, ba tudu, ba itace, sai ruwa da sama.

Duk ƙasar da ke bakin teku tana da gonarta a cikin ruwan. Dokar duniya ta ce daga gaɓa zuwa mil 12 na ruwa, mallakar ƙasar ne kamar tudunta. Daga gaɓa zuwa mil 200 kuma, kifi da man fetur da duk arzikin da ke ciki nata ne. Mil guda na ruwa mita 1852 ne, ya kusa kilomita 2. Kun ga gona ce babba. Gonar da ba mai tsaro kuwa, kowa ya san abin da ke samun ta. Sojan ruwa shi ne mai tsaron wannan gona.

Yana korar jiragen da ke zuwa satar kifi. Yana kama ɓarayin mai da masu fasa-ƙwauri. Yana yaƙi da ƴan fashin teku. Yana ceton mutane in jirginsu ya nutse. In yaƙi ya tashi, shi ke kai sojojin ƙasa da motocinsu inda za su sauka.

Ina ruwanmu da teku?

Wani zai ce, mu da muke Zinder, garin da aka sani da wahalar ruwan sha, ina ruwanmu da teku? Gaskiya ne Nijar ba ta da teku. Daga Zinder in kana son ganin sa, sai ka yi kilomita kamar 240 zuwa Kano, ka ƙara wajen 1000 zuwa Legas.

Amma ku leƙa kasuwar Dole. Shinkafar waje, da madarar gwangwani, da babur, da waya, da kayan gyaran mota, da gwanjo, duk a jirgin ruwa suka zo. An sauke su a Kwatano ko Lome ko Legas, sannan manyan motoci suka kawo mana. Man Agadem ma, akwai bututu mai tsawon kusan kilomita 2000 da ke kai shi Seme, a bakin teku a ƙasar Benin. A shekarar 2024 aka fara loda shi a jirgi.

In hanyar teku ta lalace, mu ma sai mun ji a jika. A shekarar 2020, ma'aikatan jirgi 135 aka sace a tekunan duniya don neman kuɗin fansa. Daga cikinsu 130 a Tekun Gini aka sace su, wato tekun da kayanmu ke biyowa. Mai jirgi in ya ji tsoro sai ya ƙara kuɗin dako. Ɗan kasuwa ya ƙara nasa. Daga ƙarshe mai sayen tiya guda a Zango ko Birni shi ke biya.

Ko a tarihi ma sojan ruwa ya taɓa ƙasashen nan namu. A shekarar 1897 wani Bafaranshe mai suna Emil Janti, wanda hafsan sojan ruwa ne, ya shigo Tafkin Cadi da jirgi mai tafiya da tururi. An kwance jirgin ne gunduwa-gunduwa, mutane suka yi dakonsa a ka, aka sake haɗa shi a bakin kogi. Bayan shekara 2, a 1899, Faransawa suka ci Zinder a zamanin Sarki Amadu Kuran Daga.

Rundunar da ta fi kusa da mu

Tunda ƙasarmu ba ta da rundunar sojan ruwa, bari mu ɗauki misali da ta maƙwabtanmu. Nijeriya tana da bakin teku mai tsawon kilomita 853. An kafa rundunar sojan ruwanta a shekarar 1956, tun kafin ƙasar ta samu mulkin kai. Manyan sansanoninta suna Legas da Kalaba da Yenagowa. Tana da sansani a Baga, a bakin Tafkin Cadi. Har a Dawakin Tofa, cikin jihar Kano, tana da makarantar koyon aikin tanadin kaya da guzuri.

Wani abin sha'awa shi ne sunayen jiragen. Da yawa sunan Hausa aka raɗa musu. Akwai Aradu, wanda aka ƙera a Jamus, ya fara aiki a 1982. Tsawonsa ya kai mita 125, ya fi filin ƙwallo tsawo. An yi Dorina, an yi Damisa, akwai Kyanwa. Akwai kuma Kada, wanda ya iso a 2022. Shi Kada aikinsa ɗaukar sojoji da motoci ya kai su har gaɓa. Kun ga suna ya dace da mai shi, don kada ma a ruwa yake, amma yakan fito tudu.

Hafsa da ƙaramin soja

A cikin jirgi mutane kashi biyu ne. Akwai ƙananan sojoji, su ne masu yawa. Su ke ɗaure igiya, su ke kula da inji, su ke riƙe bindiga, su ke dafa abinci. Akwai kuma hafsoshi, su ne masu ba da umurni. Hafsa shi ke cewa jirgi ya bi nan, ya tsaya can. In an yi daidai, a yaba wa kowa. In an yi kuskure, shi za a tambaya.

Shi ya sa ba a ba mutum hafsa don ƙarfin damtse kawai. Sai da ilimi. Wanda za a danƙa wa jirgin miliyoyin kuɗi da rayukan mutum ɗari, dole ya iya lissafi, ya iya karanta taswira, ya iya rubuta rahoto, ya kuma iya zama da mutane.

Ƙofofi uku na shiga

Ƙofa ta farko ita ce makarantar hafsoshi ta Kaduna, wadda ake kira NDA. An buɗe ta a 1964. Sojan ƙasa da na ruwa da na sama duk a can suke farawa tare. Yaro zai shiga bayan ya gama sakandare. Ana son ya ci darasi 5 da kyau a jarrabawar fita, ciki har da Ingilishi da lissafi. Sai ya ci jarrabawar shiga jami'a, ya ci ta makarantar kanta. Bayan haka a kira shi gaban kwamitin zaɓe. Likita ya duba idonsa da kunnensa da ƙirjinsa da jininsa. A auna tsayinsa, namiji kada ya gaza mita 1 da santimita 68. A sa shi gudu, a yi masa tambayoyi baki da baki. Ana son saurayi wanda bai yi aure ba, ɗan shekara ashirin ko ƙasa da haka ko sama kaɗan. Kowace shekara sanarwa takan faɗi iyakar shekarun. Wanda ya shiga ta wannan ƙofa zai yi kamar shekara 5, ya fito da digiri da kuma muƙamin hafsa. Tun 2011 aka fara ɗaukar mata ta wannan ƙofa.

Ƙofa ta biyu ta waɗanda suka riga suka gama jami'a ce. Likita, injiniya, lauya, malamin makaranta, akanta, limami, duk runduna tana bukatar su. Su horonsu na watanni ne, a makarantar sojan ruwa ta One, kusa da Fatakwal.

Ƙofa ta uku ita ce mutum ya shiga a kurtu. Zai yi horon watanni, ya fito ƙaramin soja. In yana da ƙoƙari da ladabi, ya ci gaba da karatu yana cikin aiki, wata rana ana iya ɗaga shi ya zama hafsa. Wannan hanya tana da tsawo. Amma sannu ba ta hana zuwa.

Duk ƙofofin nan uku sharaɗinsu na farko guda ne: sai ɗan ƙasar Nijeriya. Kowace jiha tana da rabonta, kuma sai mutum ya kawo takardar shaida daga ƙaramar hukumarsu. Ku riƙe wannan, za mu komo kansa.

Me ake koyo?

Shekarar farko ita ce mai zafi. A aske wa yaro kai, a tashe shi tun da asuba, gudu, fareti, wanki, guga, aji. Ba "sai anjima", ba "na gaji". Ana yin haka ne don a ga mai haƙuri. Wanda ya kasa jure tsawar sajan a tudu, yaya zai yi ranar da hadari ya taso a tsakiyar teku?

Sai iyo. Wanda bai taɓa shiga ruwa ba za a koya masa, amma dole ya iya kafin ya fita. Za a koya masa tuƙa kwale-kwale, da ƙulla igiya iri-iri, da kashe gobara. Kada ku yi mamaki. Gobara ita ce babbar abokiyar gabar jirgi, don cike yake da mai da harsashi, kuma ba inda za a gudu.

Babban darasi shi ne sanin hanya. A teku ba kwalta, ba dutse, ba kuka da za ka ce "daga nan sai in yi dama". Madugan da suke kai ayari daga Damagaram zuwa Bilma da Agadas da taurari suke gane hanya cikin rairayi. To, haka ma matuƙin jirgi. Yana da kamfas mai nuna arewa. Yana da taswira mai nuna zurfin ruwa. Yana da na'urar rada mai nuna masa jirgin da ke zuwa cikin duhu. Yau akwai tauraron ɗan adam da ke faɗa masa inda yake. Duk da haka ana koya masa auna rana da taurari, saboda ranar da na'ura za ta mutu.

Ga misalin lissafinsu. In jirgi yana cin mil 15 a awa guda, tashar da za shi kuma mil 300 ce, awa nawa zai yi? A raba 300 gida 15, ya ba da 20. To, awa 20 ke nan. Daga nan sai a lissafa man da zai sha da ruwan da mutane za su sha. Kun ga lissafin da muke koyo a aji ba wasa ba ne. Shi ne dai ake faɗaɗawa.

Bayan haka kowa ya kama fanninsa. Wasu tuƙi da yaƙi, su ne ke zama kwamandan jirgi. Wasu inji da lantarki. Wasu makamai. Wasu tanadin abinci da mai da albashi. Wasu auna zurfin teku su zana taswira. Wasu kuma nutso, su yi aiki a ƙarƙashin ruwa.

Zaman cikin jirgi

Farin kaya na ranar biki ne. Ranar aiki kayan aiki ake sawa, masu maiƙo da gumi.

Jirgi ba ya barci. Ana raba mutane rukuni-rukuni, kowane rukuni ya yi tsaron awa 4, wani ya karɓe shi, dare da rana. Ƙaramin hafsa yakan tsaya a ɗakin tuƙi da ƙarfe 2 na dare, idonsa a kan ruwa, manya suna barci sun dogara da shi. Wurin kwana ƙunci gare shi, gado bisa gado. Ruwan wanka da awo ake ba da shi. In teku ya yi fushi, jirgi ya dinga tangaɗi, sabon shiga ya yi ta jiri da amai har jikinsa ya saba.

Akwai kewar gida. Mutum yakan yi makonni ko watanni bai ga iyalinsa ba. A yi suna ba ya nan, a yi rasuwa ba ya nan. Ana kuma yi masa canjin wurin aiki bayan ƴan shekaru, yau Legas, gobe Kalaba, jibi Baga. Matar sojan ruwa sai mai haƙuri.

Akwai kuma haɗari. A 1990, lokacin yaƙin Laberiya, jiragen sojan ruwan Nijeriya suna cikin waɗanda suka kai dakarun ECOMOG birnin Manrobiya ana tsakiyar wuta. Ɓarawon mai da ɗan fashin teku su ma da bindiga suke yawo. Wanda zai shiga aikin nan ya san da haka tun daga gida.

Amfanin aikin kuma ba a ɓoye yake ba. Akwai albashi kowane wata, da gida a bariki, da asibiti, da fansho. Ana tura mutum karatu, wani lokaci har ƙasashen waje. Ya fito da sana'a a hannu, wadda za ta amfane shi ko bayan ya tuɓe kaki.

Hawan girma

Girman soja tsani ne, ba a tsallake mataki. Sabon hafsa yakan fara da sab-laftanar. Daga nan laftanar, sai laftanar-kwamanda, sai kwamanda, sai kyaftin. Ku lura, kyaftin na ruwa ba ƙaramin mutum ba ne, daidai yake da kanal na sojan ƙasa. Bayan kyaftin sai kwamado, sai riya admiral, sai bayis admiral, sai cikakken admiral. Waɗannan su ne janar-janar na ruwa. Ita kalmar admiral ma asalinta Larabci ne, daga amir, wato shugaba.

Kowane mataki yana da shekarunsa da jarrabawarsa. Shugabanka kuma yana rubuta rahoto a kanka kowace shekara. Hafsa in ya kai tsakiya sai a tura shi makarantar Jaji, kusa da Kaduna, ya koyi tsara aiki da jagorancin runduna. In ya kai kyaftin ana sa ran ya je babbar kwalejin tsaro ta Abuja. Tsanin kuwa yana ƙara tsukewa ta sama. Waɗanda suka shiga tare da yawa, kaɗan ne ke kai admiral. Wasu su tsaya a kwamanda, wasu a kyaftin, su yi ritaya da mutuncinsu.

Ƴan tudu ma sun kai ƙoli

Kada wani ya ce aikin nan na mutanen bakin teku ne kawai. Murtala Nyako, mutumin Mayo Belwa a Adamawa, ya shiga a 1963, aka horar da shi a Ingila. Ya shugabanci rundunar daga 1990 zuwa 1992. Bayan ya bar aiki ya shahara da noma, har ake ce masa Baba Mai Mangwaro.

Awwal Zubairu Gambo, Bakano ne. Ya shiga makarantar Kaduna a 1984, ya zama shugaban rundunar a 2021, ya sauka a 2023. Ku lissafa, shekara 37 tsakanin shigarsa da kaiwarsa ƙoli. A watan Oktoba na 2025 aka sake naɗa wani Bakano, Idi Abbas. A ɓangaren mata kuma akwai Jamila Malafa daga Adamawa, wadda a 2017 ta zama mace ta farko daga arewacin Nijeriya da ta kai kwamado.

Kano ma ba ta da teku, kamar Zinder. Abin da ya kai su can shi ne makaranta da haƙuri.

To, ɗan Nijar fa?

Nan ne ya kamata a faɗi gaskiya. Ɗan Nijar ba zai shiga sojan ruwan Nijeriya ba, don ba ƙasarsa ba ce. Da yawa cikinmu muna da dangi a Daura da Kazaure da Maigatari da Kano. In ɗan ƙanwarka haifaffen can ne, da takardunsa na gaskiya, to ƙofa a buɗe take gare shi, sai ka ba shi shawara. Amma ɗanka na Mirya ko Magarya ko Matamai, hanyarsa daban ce. Ga hanyoyin.

Ta farko, ya zama hafsa a sojan ƙasarsa. An kafa rundunar sojojin Nijar a 1961. Akwai makarantar soja ta yara a Yamai, wadda aka buɗe a 1996, ana shiga da jarrabawa bayan firamare. Akwai makarantar hafsoshi, wadda aka daɗe da sani da sunan EFOFAN. Ita ma da jarrabawar gasa ake shiga, sai mai ilimi mai zurfi.

Kuma ko da ba mu da teku, muna da ruwan da ke bukatar tsaro. Kogin Kwara ya ratsa ƙasarmu kilomita 550, daga iyakar Mali zuwa Gaya. Jandarmomi suna da rukuni mai sintiri da jirgi a kansa. A gabas akwai Komadugu da Tafkin Cadi. Tafkin ya kai murabba'in kilomita 25,000 a farkon shekarun 1960, daga baya fari ya cinye mafi yawansa, ya bar tsibirai da fadamu masu wuyar shiga. Ranar 25 ga Afrilu 2015, ƴan Boko Haram suka zo cikin kwale-kwale suka auka wa tsibirin Karamga. Hukuma ta ce sojojinmu 46 da farar hula 28 suka rasu. Wannan rana ta nuna mana cewa ƙasar tudu ma tana bukatar sojan da ya san ruwa.

Hanya ta biyu, jirgin ƴan kasuwa. Ba duk mai tuƙa jirgi ne soja ba. Manyan jiragen da ke dakon kaya da mai su ma suna da kyaftin da injiniyoyi, farar hula ne. A Abijan akwai makarantar koyon aikin teku ta ƙasashen Afirka masu aiki da Faransanci, kuma Nijar tana cikin ƙasashen da aka yi ta dominsu. Mai son zama hafsan jirgi sai ya zo da bak, musamman ta fannin lissafi da kimiyya.

Hanya ta uku, aikin tasha. Kayan Nijar da ke sauka a tashoshin teku suna bukatar ƴan Nijar masu ilimi da za su karɓe su, su yi musu takardu, su sa su a hanya. Akwai hukumar CNUT da ke kula da wannan. Akwai duwan, akwai kamfanonin fiton kaya. Shi ma cin abinci ne daga teku.

Hattara da ƴan damfara

Duk inda samari ke neman aiki, macuta suna nan. Wani zai zo ya ce yana da hanya, ya san wani babba, a kawo jika ɗari biyu ko uku a sa sunan yaro. Uba ya sayar da sa, uwa ta sayar da tumakinta. A kawo wata takarda mai tambari, ko a turo saƙo a waya. Ranar da aka je, ba suna, ba kuɗi, ba mutumin.

Wani kuma zai ce a yi wa yaro takardar haihuwa ta wata ƙasa, ko a rage masa shekaru. Wannan laifi ne a nan da can. Soja suna bincike, kuma ba ranar shiga kaɗai ba. Ko bayan shekaru aka gano, kora ce, wataƙila har da kaso. Ramin ƙarya ƙurarre ne.

Gurbin soja ba na sayarwa ba ne. Hukuma takan yi sanarwa a fili, a rediyo da jarida da intanet, ta faɗi sharuɗɗa da rana da wuri. To, ga amfanin karatun da kuka koya. In an kawo muku takarda, ku karanta da kanku. Ku duba wa ya sa hannu, ku duba kwanan wata. In Faransanci ce ko Ingilishi, ku kai wa malamin makaranta ko ku je ofishin hukuma ku tambaya. Kada ku ba da ko dala kafin haka.

Abin da ke hannun iyaye

Ba a fafe gora ranar tafiya. Hafsan da za a yi nan da shekara 20, yau yana aji ɗaya, ko yana goye a bayan uwarsa.

Ku yi wa yaro takardar haihuwa tun yana jariri, da sunansa daidai da ranarsa daidai. Ku adana ta inda gara da ruwa ba za su taɓa ta ba. Yara da yawa sun rasa jarrabawa saboda rashin wannan ƴar takarda.

Ku sa shi lakwal, ku bar shi ya daɗe. Kada a cire shi don talla ko kiwo ko tafiya ci-rani. Da dare ku ce ya kawo littafinsa ku gani. Yanzu kun iya karatu, ba zai ɓoye muku sakamako ba. Ku matsa masa a kan lissafi.

Ku kula da lafiyarsa. A yi masa rigakafi, a kai shi likita in ido ko kunne ya dame shi. Ku tsare shi daga ƙwaya da sholisho, don gwajin likita ba ya ɓoye su. Ƴa mace ma a ba ta dama irin ta namiji.

Maganar iyo kuma, a koya wa yaro a gaban babba wanda ya iya. Kada a bar shi ya faɗa kududdufi da damina shi kaɗai. Mun sha jin abin baƙin ciki a kan haka.

In yaro ya bi wannan hanya, ko bai taɓa ganin teku ba, bai yi asara ba. Ilimin da zai sa a ɗauke shi hafsa, shi ne zai sa a ɗauke shi malami ko likita ko injiniya.

Tambayoyi

1. Faɗi ayyuka uku na sojan ruwa.
2. Me ya sa fashin teku ke shafar farashin kaya a kasuwar Zinder?
3. Waɗanne sunayen Hausa aka raɗa wa jiragen sojan ruwan Nijeriya?
4. Waɗanne hanyoyi ne ɗan Nijar mai son aikin ruwa zai iya bi?
5. Wani ya ce ka kawo kuɗi ya sa ɗanka aikin soja. Me za ka yi?
6. Jirgi yana cin mil 12 a awa guda. Mil nawa zai ci a awa 8?